Ciwon Ƙafa Lokacin Tafiya Sanadin Ƙuntatar Jijiyoyin Jini: Nazari a Kan Birnin Kebbi da Argungu

Tsakure

Wannan maƙala ta dubi ciwon da ke riƙe sha-raɓar babban mutum idan ya yi 'yar tafiya, ya sake shi idan ya tsaya, ya sake kama shi idan ya ci gaba. Asalinsa ƙuntatar jijiyoyin da ke kai jini ƙafa ne. An bayyana yadda ciwon ke aukuwa, an kawo alƙaluman da bincike ya samar a duniya da Afirka da Nijeriya, sannan an nuna yadda yanayin rayuwa a kwarin Rima ke ɓoye shi: noman fadama da su, yawaitar babura, da ƙarancin tafiyar matan gida. Hujjar maƙalar ita ce ana iya gano mafi yawan masu wannan ciwo tun a asibitin matakin farko, da tambaya mai kyau da yatsun hannu da abin awon hawan jini, kuma gano su da wuri yana ceton zuciya da ƙwaƙwalwa kafin ma a zo maganar ƙafa.

1.0 Gabatarwa

Ma'aikacin lafiya da ya taɓa zama ɗakin duba marasa lafiya a Birnin Kebbi ko Argungu ya san wannan kuka: “Likita, ƙafata ce ke riƙewa.” Mai kukan yakan kasance ya haura shekara hamsin. Kafin a tambaye shi ma ya riga ya ba da fatawa da kansa, cewa sanyi ne ya shige shi saboda tsayuwa cikin ruwa, ko kuwa tsufa ne ya kawo jiki. Sau da yawa gaskiyarsa ce. Amma a cikin masu wannan kuka akwai wani rukuni da ciwonsu ba na gaɓa ba ne, ba na ƙashi ba, jini ne ba ya isa tsokar ƙafarsu. Idan aka haɗa su da sauran aka rubuta musu maganin rage zogi, an mayar da su gida da cutar da ke iya kawo bugun zuciya ko shanyewar ɓarin jiki. Su ne abin da ya dami wannan maƙala.

Likitan dabbobi ne ya fara bayanin ciwon. A 1831 Jean-François Bouley ya ba da rahoton wani doki a Faransa da ke fara ɗingishi idan ya yi sassarfa, ya warware idan an tsayar da shi. Da aka buɗe gawarsa sai aka tarar jijiyoyin jinin ƙafafun baya sun toshe. A 1858 Jean-Martin Charcot ya bayyana irin wannan a jikin ɗan Adam. Shekara kusan ɗari biyu ke nan, siffar ciwon ba ta sake ba, kuma har yau da baki ake fara gano shi.

2.0 Yadda ciwon ke aukuwa

Jijiyar da ke ɗauko jini daga zuciya takan rabu biyu a ƙasan ciki, kowane reshe ya bi ta matsematsi ya gangara cinya, ya ratsa bayan gwiwa, ya rarrabu zuwa idon sawu da tafin ƙafa. Hayaƙin taba, ciwon suga, hawan jini da yawan kitse a jini suna ɓata fatar cikin wannan jijiya. Inda ta ɓaci, kitse da ƙwayoyin jini sukan taru su daskare, hanya ta riƙa matsewa shekara da shekaru ba tare da mutum ya ji komai ba.

Manomin rani ya san abin da ke faruwa idan laka ta cushe tiyon injin ban-ruwa: ɗan ruwan da ke fita yana isar fangali ɗaya, amma da an buɗe fangali biyar sai a ga gazawarsa. Haka tsokar ƙafa take. A zaune, ɗan jinin da ke ratsawa ya ishe ta. Da an fara tafiya, buƙatarta ta iskar da jini ke ɗauke da ita takan ninka sau da yawa, hanya kuwa ba ta iya buɗewa. Sai sinadaran gajiya su taru a tsoka, mutum ya ji ta ɗaure, ta yi nauyi, ko tana murɗawa. Idan ya tsaya cak, ko bai zauna ba, cikin minti biyu zuwa goma ta sake shi.

Wurin ciwon yana nuna wurin toshewar. Idan a cinya jijiyar ta matse, sha-raɓa ce ke ciwo, kuma wannan ya fi yawa. Idan a can sama ne cikin ƙugu, ciwon yakan kama ɗuwawu da cinya, kuma a wurin maza yakan zo tare da raunin gaba. Wannan na biyun ya cancanci a kula da shi a nan, domin namijin da ya ga ƙarfinsa ya ragu ba asibiti yakan fara zuwa ba, wurin mai maganin maza yakan nufa.

A 1954 René Fontaine ya kasa cutar mataki huɗu, kuma rabon nasa yana da sauƙin riƙewa. Na farko, jijiya ta matse amma babu ciwo. Na biyu, ciwo lokacin tafiya, ana raba shi gida biyu gwargwadon ko mutum yana wuce mita 200 kafin ya tsaya. Na uku, ciwo a kwance, musamman da dare a yatsu da kan ƙafa, har mutum ya riƙa sauko da ƙafar daga gado ko ya kwana a zaune. Na huɗu, gyambo ko ruɓewar yatsu.

3.0 Abin da alƙaluma suka nuna

An daɗe ana ɗaukar wannan cuta ta Turawa ce. Nazarin da Gerald Fowkes da abokan aikinsa suka buga a mujallar Lancet a 2013 ya rushe wannan zato. Sun ƙiyasta cewa a 2010 mutum miliyan 202 ne ke ɗauke da ita a duniya, kuma kusan kashi 70 cikin 100 suna ƙasashe masu ƙarami da matsakaicin arziki. Wani ƙiyasin da ya biyo baya a 2019 ya kai adadin kimanin miliyan 236 a shekarar 2015. Binciken da aka yi tsakanin 'yan shekara 65 zuwa sama a Jamhuriyar Afirka ta Tsakiya da Kwango ya samu kusan kashi 15 cikin 100 na da ita. A Jamhuriyar Benin, wadda ke iyaka da Jihar Kebbi, binciken ƙauyen Tanvè ya same ta a karkara, inda ake zaton babu, kuma mata sun fi maza.

A gida Nijeriya, hujja mafi tayar da hankali ta fito ne daga masu ciwon suga. Binciken da Ejiofor Ugwu da abokan aikinsa suka buga a 2019 ya bi mutum 336 da aka kwantar saboda gyambon ƙafa a manyan asibitoci shida. Fiye da rabinsu jijiyoyin jinin ƙafarsu sun ƙuntata. Kimanin kashi 35 cikin 100 an yanke musu wani sashe na ƙafa, kuma ɗaya cikin biyar bai fita asibiti da rai ba. Waɗannan mutane ba rana ɗaya suka kai mataki na huɗu ba. Sun yi shekaru a mataki na farko da na biyu, suna zuwa karɓar maganin suga da takalmi a ƙafarsu, suna komawa da shi ba a ce su cire ba.

Akwai kuma abin da ya kamata kowane ma'aikaci ya riƙe: a mafi yawan masu ciwon tafiya, ƙafar ba ta kaiwa ga yankewa. Abin da ke kashe su zuciya ce da ƙwaƙwalwa, domin kitsen da ya matse jijiyar cinya yana nan a jijiyoyin zuciya da na wuya. Bin diddigin marasa lafiya a Turai da Amurka ya nuna cewa cikin shekara biyar kusan ɗaya cikin biyar yakan gamu da bugun zuciya ko shanyewar ɓarin jiki. Tunda kusan kashi ɗaya cikin uku na manyan Nijeriya na da hawan jini, babu dalilin zaton mutanenmu sun tsira.

4.0 Yadda kwarin Rima ke ɓoye ciwon

Nan ne nake son masu karatu su tsaya da ni, domin nan ne yankinmu ya bambanta da abin da ke cikin littattafan koyarwa.

Rayuwar Kabawa da Gwandawa a wannan kwari rayuwar ruwa ce. Daga fadamar Dukku a Birnin Kebbi zuwa Ambursa, Gulma, Argungu da Augie, shinkafa ce sana'a, damina da rani. Noman ya ƙara bunƙasa tun da aka ƙaddamar da shirin bai wa manoma rance na Babban Bankin Nijeriya a Birnin Kebbi a watan Nuwamba 2015, aka kuma buɗe masana'antar sarrafa shinkafa ta WACOT a Argungu a 2017. Ga kuma masunta, waɗanda bikinsu na kamun kifi a Matan Fada, da aka fara a 1934, ya sa duniya ta san Argungu. Mutumin da ya yi shekara arba'in yana dashe cikin taɓo, ko yana shiga gulbi da homa da gora tun asuba, yana da bayani a shirye ga duk ciwon da ya kama ƙafarsa: sanyi. Bayanin yana da ma'ana a wurinsa, yana da ma'ana a wurin iyalinsa, kuma ma'aikacin lafiya, wanda shi ma ɗan fadamar ne, yakan karɓe shi ba gardama. Ƙafar da jini ba ya isa kuwa da gaske takan yi sanyi idan an taɓa ta, sai hakan ya ƙara tabbatar da zaton.

Abu na biyu babur ne. Ciwon ba ya fitowa sai an taka ƙasa. A da, dattijo daga Kalgo ko Ambursa yakan yi tafiya mai nisa zuwa gona ko cin kasuwa, kuma idan ƙafa ta fara gazawa kowa zai gani. Yau ɗan kabukabu yana ƙofar gida. Wanda sha-raɓarsa ke ɗaurewa bayan mita 300 ba ya cewa yana ciwo, kawai ya daina tafiyar da ta wuce mita 200. Ya bar masallacin Juma'a mai nisa ya koma na kusa, ya bar rakiyar jana'iza zuwa maƙabarta, ya aiki jika kasuwa. Idan an tambaye shi ko ƙafarsa na ciwo in yana tafiya, zai ce a'a, kuma bai yi ƙarya ba. Ma'aikatan gwamnati da 'yan fansho na unguwannin Gesse da Badariya, da suka saba da mota daga gida zuwa ofis, suna cikin wannan hali tun kafin manomi.

Na uku mata ne. Dattijuwar da zirga-zirgarta ba ta wuce ɗaki, madafa da tsakar gida ba, ba za ta taɓa kai nisan da ciwon ke fitowa ba. Takan tsallake mataki na biyu gaba ɗaya, a kawo ta da yatsa ya yi baƙi. Idan tana da ciwon suga abin ya fi muni, domin suga yana kashe jijiyoyin ji, ƙafa ta daina kai ƙara.

Sai kuma abin da ake yi wa ƙafar kafin a zo asibiti, wanda a ganina ya fi ciwon kansa saurin kai mutum ga likitan fiɗa. Wanda ya yarda sanyi ne yakan gasa ƙafa da ruwan zafi, ko ya kara ta a bakin wuta lokacin hunturu. Yakan je wurin wanzami a yi masa ƙaho ko tsaga a sha-raɓa don a fitar da mataccen jini. A ƙafa mai lafiya, wannan rauni na warkewa cikin mako guda. A ƙafar da jini ba ya isa, shi ne mafarin gyambon da ba ya rufewa. Wanda ya nufi kemis kuwa yakan dawo da haɗin ƙwayoyi, galibi da diklofenak a ciki, wani lokaci da dekzametazon. Na farkon yana ɗaga hawan jini yana cutar ƙoda, na biyun yana ɗaga suga. Ba na kawo wannan don aibata wanzamai ba. Su ne mutane suka amince wa, kuma wanzamin da aka koya wa cewa ƙafa mai sanyi, mai sheƙi, wadda gashinta ya zube, ba a sa mata aska, zai ceci ƙafafun da likita ba zai taɓa gani da wuri ba.

5.0 Ganowa a asibitin matakin farko

Tambayoyin da Geoffrey Rose ya tsara a 1962, da waɗanda aka gyara a Edinbara a 1992, duk suna ɗaukar cewa mai amsawa yana tafiya kuma ya san nisa. Namu mai amsawar ba ya auna tafiya da mita. Amma yana da ma'aunin da ya fi mita tabbas, wanda yake takawa sau biyar a yini. Don haka maimakon “ƙafarka na ciwo?”, sai a ce: “Baba, daga gida zuwa masallaci kana tsayawa a hanya? A ina kake tsayawa? Bara war haka kana tsayawa a nan? Idan ka tsaya, sai ka zauna take sakinka, ko a tsaye ma tana saki?” Ga mace: “Inna, yaushe rabonki da zuwa gidan biki da ƙafa? Me ya hana?” Amsar da ke nuna wuri guda kullum, gindin wata bishiya ko bakin wani shago, ita ce alamar da ake nema.

Da waɗannan tambayoyi ake raba wannan ciwo da makamantansa. Ciwon gwiwa na tsufa a gaɓa yake, yana tsanani da tashi daga zaune da durƙuson salla. Matsewar jijiyar laka a gadon baya tana kawo ciwo ko a tsaye, ba ta saki sai an zauna ko an sunkuya. Lalacewar jijiyoyin ji ta masu suga zafi ce kamar barkono a tafin ƙafa, ta fi yawa da dare. Toshewar jijiyar da ke mayar da jini sama tana zuwa da kumburi. A matashi mai shan taba ƙwarai da yatsunsa ke ciwo, a tuna da cutar da Leo Buerger ya bayyana a 1908. A mai sikila, gyambon idon sawu yana da nasa dalilin.

Bayan tambaya, a cire takalmi da safa, ƙafa biyu. A duba launi, a taɓa ɗumi, a leƙa tsakanin yatsu, a lalubi bugun jini a matsematsi, bayan gwiwa, bayan idon sawu na ciki, da kan ƙafa. A ɗaga ƙafar mutum yana kwance na minti ɗaya ko biyu: idan tafin ya koɗe, sannan ya yi jawur da aka sauke, jini bai isa ba. A baƙar fata, tafin ƙafa da farce ake kallo.

Awon da ke tabbatarwa shi ne kwatanta ƙarfin jini na idon sawu da na dantse. Mutum ya huta a kwance minti goma. A auna lambar sama ta hawan jini a dantse biyu, a ɗauki wadda ta fi. A auna a idon sawun kowace ƙafa da ƙaramar na'urar Dofla mai aiki da batir. A raba ta ƙafa da ta hannu. Idan ƙafa ta ba da 90, hannu ya ba da 140, sakamakon 0.64 ne. Duk abin da ya kai 0.90 zuwa ƙasa yana nuna cutar. Wanda ya haura 1.40 ba alamar lafiya ba ce, jijiya ce ta ƙandare, abin da ake yawan gani a masu suga da ciwon ƙoda, kuma su ma sai a tura su gaba. Na'urar tana shiga aljihu, kuma ana koyon aiki da ita cikin ɗan lokaci.

6.0 Magani

Barin taba ne kan gaba, sigari ce ko shisha. Dokar taƙaita shan taba ta 2015 tana nan, amma abin da ya fi aiki a ɗakin likita shi ne a gaya wa mutum ƙarara cewa tabar ce ke cin ƙafarsa. Sai maganin rage kitse na dangin sitatin, wanda ake ba kowane mai cutar ko da awon kitsensa bai yi sama ba, da ƙaramin asfirin ko kulofidogirel don hana daskarewar jini, da daidaita hawan jini da suga. Silostazol yana ƙara nisan tafiya, amma ba a ba mai raunin zuciya.

Maganin ciwon kansa kuwa tafiya ce, kuma shi ne ya fi wuyar shiga kunne, domin mutum ya ga tafiya ce ke kawo masa zafin. Ƙa'idar ita ce ya yi tafiya har ciwon ya kai matsakaici, ya tsaya ya sake shi, ya ci gaba, na minti 30 zuwa 45, aƙalla sau uku a mako, har mako 12. Tsoka takan koyi aiki da ɗan jinin da take samu, nisan ya ƙaru. A yanayinmu, inda zafin bazara ke wuce ma'auni 40, bayan sallar asuba ne lokacinta. Mace za ta iya kewaya tsakar gida. Wanda ya kai mataki na uku ko na huɗu ba a sa shi wannan, tura shi ake yi. Alwala kuwa dama ce da wasu al'ummu ba su da ita: sau biyar mutum na riƙe da ƙafarsa a hannu. A koya masa ya duba, ya tsane tsakanin yatsu, kada ya shiga gona ko fadama ba takalmi.

Ciwo a kwance, gyambon da ya wuce mako biyu, ko yatsan da ya sauya launi, na babban asibiti ne: Asibitin Tunawa da Sir Yahaya ko Asibitin Koyarwa na Tarayya a Birnin Kebbi, ko Asibitin Koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo a Sakkwato. Ƙafar da ta yi sanyi ƙalau farat ɗaya, ta koɗe, ta mutu da zafi mai tsanani, ba ta jiran gobe. Bayan kamar awa shida tsoka takan fara mutuwa.

7.0 Shawarwari

Ba sai an jira sabon gini ko sabon shiri ba. Wurare biyu sun riga sun tara mutanen da ake nema. Na farko ranakun duba masu suga da hawan jini: a sa doka cewa sau ɗaya a shekara kowa zai cire takalmi, a rubuta bugun jinin ƙafarsa a katinsa. Na biyu tantance lafiyar maniyyata. Yawancinsu manya ne, kuma gabansu akwai ɗawafi, da sa'ayi tsakanin Safa da Marwa da ya haura kilomita uku, da tattakin jifa a Mina. Wanda aka gano wata uku kafin tashi yana da daidai lokacin da atisayen tafiya ke buƙata, yana kuma da dalili mai ƙarfi na yin sa.

Kuɗin na'urar Dofla da horar da ma'aikata na iya fitowa daga asusun kula da lafiya a matakin farko da dokar lafiya ta 2014 ta kafa, a fara da manyan asibitocin ƙananan hukumomi 21 na jihar. Maganin sitatin da na hawan jini, da ake sha har ƙarshen rai, su ne ya kamata hukumar taimakekeniyar lafiya ta jiha ta tabbatar suna cikin abin da take biya, domin wanda ya sha wata biyu ya bari saboda kuɗi bai amfana da komai ba.

Ina kuma kira ga Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi da asibitin koyarwa su jagoranci bincike na gida-gida tsakanin 'yan shekara 50 zuwa sama, a unguwa ɗaya ta cikin Birnin Kebbi da ƙauyuka biyu na fadamar Argungu. A auna kowa, mai kuka da marar kuka. A sa mata cikin masu awon don a shiga gidajen kulle. A rubuta sana'a, shan taba, yawan hawa babur, da ko an taɓa yi wa ƙafar tsaga ko ƙaho, sannan a koma bayan shekara biyu a ga wanda ya rasa yatsa, wanda ɓarinsa ya shanye, da wanda nisan tafiyarsa ya ƙaru.